KALANGU DA FIYANO A CIKIN KIƊAN FIM

 Abin da nake so in yi bayani a kansa a wannan fili shi ne kiɗan fim, watau yadda ake haɗa kayan kiɗa na gargajiya da sautin na'ura a saka su cikin fim. Na zaɓi wannan magana ne domin ta shafe mu duka. Mu ɗalibai da wuya ka sami wanda ba ya da waƙar fim guda a bakinsa. Iyayenmu kuwa sun tashi ne da kalangun Mamman Shata, da kuntigin Ɗanmaraya Jos, da gurmin Haruna Uji na nan Haɗejiya kusa da mu, kuma sau da yawa mukan ji suna cewa kiɗan yanzu lami ne, babu gishiri. Su suna da gaskiyarsu, mu ma muna da tamu. To, in dai haɗawa za a yi, yaya za a haɗa har abin ya yi armashi, kuma makaɗanmu su ci moriya? Wannan ita ce tambayar da zan yi ƙoƙarin amsawa.

AIKIN KIƊA A CIKIN FIM

Kiɗa iri biyu ne a fim. Na farko shi ne waƙa, inda labari yakan tsaya cik, saurayi da budurwa su fito suna rawa suna rera waƙa. Wannan shi muka fi sani, kuma finafinan Indiya da aka daɗe ana nunawa a silimun Kano sun taimaka wajen sa mana son sa. Na biyu kuwa shi ne wanda zan kira kiɗan rakiya. Shi ne wanda ke tafiya a ƙarƙashin labari, 'yan wasa suna magana yana binsu a hankali. Mai kallo bai cika lura da shi ba, amma shi ke juya masa zuciya. Alal misali, a nuna mutum yana tafiya shi kaɗai a hanyar fadama da almuru. In aka sa sarewa mai sanyi, sai mu ji tausayinsa, mu ce maraya ne ko kuwa an yi masa rasuwa. In aka sa ganga tana bugawa ɗaya-ɗaya da nauyi, sai gabanmu ya faɗi, mu ce akwai mai jiransa a bayan kuka. Hoto ɗaya ne, kiɗa ne ya sake ma'anarsa.

Mu Hausawa wannan ba baƙon abu ba ne a gare mu, gama kowane kiɗa namu da abin da yake faɗa. Ka ji kakaki da tambari ka san sarki ne. Ka ji kalangu a kasuwa ka san mahauta sun yi yanka. Ka ji gangar noma ka san ana gayya. Ka ji ƙwarya da shantu ka san mata ne a cikin gida. Ashe ke nan mai shirya fim na Hausa yana da taska a hannunsa, don da bugu biyu kawai zai iya gaya wa mai kallo inda ake da irin mutanen da ke wurin.

YADDA FIYANO YA SHIGO

Fim ɗin bidiyo na Hausa da aka fi ɗauka shi ne na farko a kasuwa shi ne Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990, shekara guda kafin a yanko mana Jihar Jigawa daga Kano. Masu yin finafinan nan matasa ne, jarinsu kaɗan ne. Ɗauko babban makaɗi da 'yan amshinsa da makaɗansa, a ciyar da su, a sallame su, ya fi ƙarfin aljihunsu. Ga shi kuma a lokacin kamfanonin Japan irin su Casio da Yamaha sun cika duniya da ƙananan fiyano masu aiki da lantarki ko batir. Mutum ɗaya zai zauna, da yatsunsa goma, ya fitar da sautin ganga da sarewa da molo a lokaci guda. Abin nema ya samu.

A tsakiyar shekarun 1990 sai aka fara buɗe ɗakunan ɗaukar sauti a Kano, irin na Iyan-Tama, suna aiki da fiyanon Yamaha samfurin PSR. A 1999 fim ɗin Sangaya ya fito, waƙarsa ta game ƙasar Hausa, daga birni har ƙauye, kuma a shekarar nan ce aka laƙaba wa sana'ar sunan Kannywood. Daga nan “kiɗan fiyano” ya zama shi ne kiɗan fim. Farfesa Abdalla Uba Adamu na Jami'ar Bayero ya yi rubuce-rubuce masu yawa a kan wannan tarihi. Daga baya kwamfuta ta shigo, aka koma haɗa kiɗa a cikinta da manhajoji irin su FL Studio.

Kada mu raina abin da fiyano ya yi. A da, kiɗa gado ne. In ba a gidan makaɗa aka haife ka ba, da wuya ka taɓa ganga, in ma ka taɓa a yi maka faɗa a gida. Fiyano ya buɗe ƙofa ga yaron da ubansa malami ne ko manomi ko ɗan kasuwa. Ya samar wa matasa masu yawa abin yi, maza da mata, ya kuma sa waƙar Hausa ta ƙara yaɗuwa, har Nijar da Gana da Kamaru da Sudan. An ce in kiɗa ya sake, rawa ma sai ta sake.

YADDA NA'URA KE KWAIKWAYO

Yaya akwati mai maɓallai zai yi kukan sarewa? Sauti dai girgiza ce da ke tafiya cikin iska har ta taɓa kunne. Na'ura tana samar da shi ta hanya biyu. Ta farko, ita da kanta take ƙirƙiro girgizar da wutar lantarki, ta tanƙwara ta har ta yi kama da abin da ake so. Ta biyu, a sa makirufo a gaban ganga ta gaske, a buga sau ɗaya, na'ura ta auna sautin ta mai da shi lambobi ta adana. A ma'aunin da ake yin faifan CD, ana auna sauti sau 44,100 a cikin daƙiƙa guda. Sa'an nan a ɗora wannan bugu a kan maɓalli. Duk sa'ad da aka danna, bugun nan ɗaya ne zai fito, ba ya sakewa ko kaɗan.

A nan matsala ta fara. Mutanen da suka ƙera fiyano a Japan ba da kalangu suka yi lissafi ba. Sautukan da suka zuba a ciki na kayan kiɗan Turawa ne da na wasu ƙasashe. Makaɗin fiyano na Kano sai ya yi ta lalube har ya sami wanda ya fi kama da namu, ya ce wannan shi ne kalangu, wancan ita ce algaita. Dabara ce mai kyau, amma Hausawa sun ce kama da wane ba ta wane.

Dalili kuwa ga shi. Harshenmu yana da karin sauti, watau hawa da saukar murya suna sake ma'anar kalma. Ku faɗi “kuka” na mai hawaye, ku kuma faɗi “kuka” ta miya, za ku ji bambanci ko da yake baƙaƙensu ɗaya. Kalangu an yi shi ne don ya bi wannan hawa da sauka. Ice ne mai siririn tsaka, da fata a baki biyu, da tsarkiya da ta haɗa su. Makaɗi yana rataye shi a hammata. In ya matse tsarkiya fata ta ɗame, murya ta hau. In ya saki, ta sauka. Yana ma iya matsewa bayan ya riga ya buga, sai sautin ya zame daga ƙasa zuwa sama kamar mutum yana tambaya. Da haka yake kiran taken mutum, wanda ya san take kuwa ya ji sunansa sarai. Fiyano kuwa matakala ce mai hawa goma sha biyu, farare bakwai, baƙaƙe biyar, sa'an nan su maimaita. Abin da ke tsakanin hawa da hawa, inda kalangu da goge ke wasa, sai da ƙyar yake taɓo shi, ko da akwai ɗan gargare a gefe da ake murzawa don a lanƙwasa sauti.

Abu na biyu shi ne tafiyar kiɗa. Na'ura kamar agogo take, ba ta gaba ba ta baya. Makaɗi kuwa yana kallon mai rawa, yana sauraren mawaƙi. In mawaƙi ya ja baiti sai ya jira shi, in fage ya yi zafi sai ya ƙara wuta. Wannan ɗan jinkiri da ɗan hanzari su ne gishirin da iyayenmu suke cewa ba su ji.

ABIN DA KELTAWA DA MUTANEN SENIGAL SUKA YI

Wannan matsala ba mu kaɗai ta sama ba, kuma akwai waɗanda suka nemo mata hanya. A yammacin Turai akwai wasu al'ummu da ake kira Keltawa, mutanen Ailan da Sikotlan da Wales da wani yanki na Faransa mai suna Biritani. Suna da harsunansu dabam da Ingilishi, da kiɗansu na gado. Abin mamaki, kayan kiɗansu kamar 'yan uwan namu. Suna da ganga mai baki ɗaya, faffaɗa, kamar bandiri. Suna da goge irin nasu. Suna da abin busa mai salka, wanda sautinsa ba ya yankewa, kamar yadda mai algaita ke cika kumatu ya yi ta busa ba tsayawa. Suna kuma da babban molo mai tsarkiya da yawa wanda ake kaɗawa da yatsu, har hotonsa ne a kan kuɗin Ailan. A zamanin da makaɗansa sukan bi gidajen manya suna yi musu take, kamar makaɗan fada. Mafi shahara a cikinsu wani makaho ne, Turlough O'Carolan, wanda aka haifa a 1670, ya rasu a 1738.

A 1991 wani Bature ɗan Ingila mai haɗa sauti, Simon Emmerson, ya je Senigal don aikin faifan Baaba Maal. Shi Baaba Maal Bafulatani ne, ɗan gidan masunta daga garin Podor a bakin Kogin Senigal, watau ɗan fadama ne kamar mu. Emmerson ya ji wani kari a waƙoƙinsu da ya yi masa kama da tsohuwar waƙar Ailan. Wannan ya tsaya masa a rai. A 1995 ya tara makaɗan Baaba Maal da makaɗan Ailan a ɗakin ɗaukar sauti na Real World a Ingila, aka zaunar da su tare da masu na'ura. Daga nan ƙungiyar Afro Celt Sound System ta samu, faifansu na farko ya fito a 1996. A cikin kiɗansu za ka ji kora, molon Mandinkawa mai tsarkiya 21, da tama, watau ɗan ƙaramin kalangun Senigal, da abin busan Ailan, na'ura kuma tana riƙe da su daga ƙasa. Masu fim sun ji sun so. An sa kiɗansu a fim ɗin Gangs of New York na 2002, sun kuma sa hannu a kiɗan Hotel Rwanda na 2004, wanda ya ba da labarin kisan kiyashin Ruwanda na 1994. Emmerson ya rasu a 2023.

Me ya sa kiɗan mutane biyu masu nisa haka ya haɗu bai yi karo ba? Dalili ɗaya shi ne yawancin kare-karenmu a kan hawa biyar suke tafiya, tsofaffin waƙoƙin Keltawa da yawa ma haka. Wanda ya sami fiyano ya gwada: ya bar fararen maɓallai, ya yi ta danna baƙaƙen nan biyar kaɗai. Zai ji abin yana yi masa kama da waƙar gida. Dalili na biyu, kiɗan rawarsu da yawa a kan bugu uku-uku yake gudu, irin gudun da muka saba ji a gangunan Afirka ta Yamma.

Misali na biyu ya fi kusa da zamaninmu, don da yawa daga cikinmu sun ga fim ɗin Black Panther na 2018. Wanda ya tsara kiɗansa, Ludwig Göransson, mutumin Suwidin ne. Yana da na'urori iri-iri a Amurka, amma sai ya taso ya zo Senigal ya yi kamar wata guda yana yawo da Baaba Maal yana sauraro. Ya ɗauki muryarsa, ya ɗauki taman Massamba Diop. A cikin fim ɗin, in sarki ya bayyana, kalangun nan ne ke kiran sunansa. Abokin gabansa kuwa, wanda asalinsa Afirka amma ya tashi a Amurka, sai aka yi masa take da sarewar Fulani a kan bugun na'ura irin na samarin Amurka. Da jin taken ka san mutumin ya rabu biyu. Wannan kiɗa ya ci kyautar Oscar a 2019.

Ku lura da abu guda a misalan nan biyu. Ba a sa na'ura ta yi kwaikwayon kalangu ba. An kawo mai kalangu ne da kansa, aka ba shi wurin zama, na'ura ta yi nata aiki, shi ya yi nasa.

YADDA AKE HAƊIN

Aikin yana tafiya daki-daki. Da fari mai tsara kiɗa da darakta za su zauna su kalli fim bayan an gama tace shi, su yi alama: nan kiɗa zai shiga, nan zai fita, nan kuwa shiru ya fi. Sa'an nan a yi wa kowane babban ɗan wasa ko wuri takensa, a zaɓi abin kiɗan da ya dace da shi. Bayan haka a shimfiɗa sautin na'ura a ƙasa, irin dogon amon nan mai kauri da ba wani abin kiɗa namu da ke iya yin sa, wanda ke cika ɗaki ya sa tsikar jiki ta tashi. Sai a shigo da makaɗi, a sa masa abin ji a kunne, yana kallon hoton yana kaɗawa. Kowane abin kiɗa ana ɗaukarsa a layinsa dabam, don a iya ɗaga wannan a rage wancan.

Gwanin mai haɗi yana kiyaye abu uku. Na ɗaya, in goge da fiyano suka saɓa, fiyano ake gyarawa ya bi goge, don kwamfuta tana iya ɗaga sautinta ko ta sauke shi yadda ake so. Na biyu, ba ya tilasta wa bugun makaɗi ya hau kan agogon na'ura daidai-wa-daida, sai ya bar masa numfashinsa. Na uku, yana tambayar ma'anar take kafin ya saka shi. Wanda ya sa taken mahauta a wurin naɗin sarki, ko kiɗan 'yan dambe a wurin ta'aziyya, Bature ba zai gane ba, amma tsohuwa a Aujara za ta yi masa dariya. A ƙarshe a daidaita duka yadda kiɗa ba zai danne magana ba.

MU A NAN JAHUN

Wani zai ce, ina ruwan Jahun da wannan, tun da ba a nan ake yin fim ba? Da ruwanmu ƙwarai. Sautin da mutumin Suwidin ya ƙetare teku yana nema, irinsa yana nan a ƙofar gidanmu. Makiyayanmu suna busa sarewa a bayan shanu in sun gangara fadama da rani. Akwai waƙoƙin masunta a wajen Harbo, akwai waƙoƙin daka da na niƙa a bakin kakanninmu mata, akwai masu kalangu da masu gurmi da masu kukuma a garuruwanmu. Amma ni da idona na ga bukukuwa da yawa a 'yan shekarun nan inda ba a kira makaɗi ko ɗaya ba. Yaro ne zai zo da manyan lasifika da janareta, ya sa waƙoƙin fim, a yi rawa a watse. Makaɗin da ba a kira shi biki ba, da me zai ci da gida? Ɗansa kuma da ya ga haka, ga gorin roƙo da ake yi masa a makaranta, don me zai koya? Shata ya rasu a 1999, Barmani Choge a 2013, Ɗanmaraya a 2015. Su an ɗauki muryarsu a kaset. Na ƙauye kuwa in ya tafi, ya tafi da takensa duka.

Keltawa ma sun taɓa kaiwa bakin wannan rami. A 1792 masu kaɗa babban molon nan na Ailan sun kusa ƙarewa. Aka yi shela a birnin Belfast a tara su, goma kaɗai suka zo daga ƙasar, yawancinsu tsofaffi, da dama makafi. Aka sa wani saurayi ɗan shekara 19, Edward Bunting, ya zauna ya rubuta kare-karen da suke kaɗawa. Ba a daɗe ba tsofaffin suka ƙare, amma abin da yaron nan ya rubuta ya tsira, kuma daga cikinsa na baya suka ɗebo suka farfaɗo da kiɗan. Shi da alƙalami da takarda ya yi. Mu kuwa wayar hannu da ke cikin gidajenmu ta isa ta ɗauki sauti sarai.

KAMMALAWA

Saboda haka ina da roƙo uku. Ga 'yan uwana ɗalibai, musamman 'yan ƙungiyar Hausa da ta wasan kwaikwayo, in an yi hutu kowa ya nemi makaɗin garinsu, ya gaishe shi da ladabi, ya nemi izninsa ya ɗauki kiɗansa, ya rubuta sunan kowane take da wanda ake yi wa da lokacin da ake yin sa. In mun dawo mu tara a ɗakin karatu. In kuma za mu yi wasan kwaikwayo na ƙarshen shekara, mu gayyato mai kalangu ya zauna kusa da mai fiyano, mu ji yadda za su kaya.

Ga iyayenmu, ina roƙo a daina kallon ɗan makaɗi a wulakance, a kuma tuna da su in biki ya tashi. Wanda ya iya sa fata da ice su yi magana, ilmi ne da shi wanda ba a samun sa a littafi.

Ga yayyenmu masu shirya fim a Kano da sauran wurare kuwa, ina cewa da tsohuwar zuma ake magani. Ku riƙe kwamfutarku, amma ku ware wani abu a kasafin fim don mai goge da mai sarewa, ku biya su hakkinsu, ku rubuta sunansu a ƙarshen fim kamar yadda kuke rubuta na mai ɗaukar hoto. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka.